Majigin Minti 17 da Gardamar da Ya Tayar a Gidan Amumune



Daren kasuwar da ta wuce, a nan Gidan Amumune, bayan an sallaci lisha, muka ɗaura farin zane a jikin bangon wani ɗan'uwa, muka jona ɗan injin haska hoto da batirin hasken rana, muka nuna wa jama'a majigi. Tsakar gida ta cika, mata suna daga bayan danga, yara sun hau rumbu. Majigin gajere ne, minti 17 kacal, baƙi da fari, sunansa Afrique 50. Tun da yake da Faransanci mai maganar ciki yake yi, sai aka ce mushen lakwal ya tsaya gefen zane ya riƙa juyawa da Hausa, watau ni ke nan mai rubuta muku wannan. Majigi ya ƙare cikin minti 17, amma gardamar da ta biyo bayansa sai da ta kai mu carar zakara ta fari. Gardamar nan ita ce dalilin wannan sharhi, domin mun tabbata duk reshen da ya nuna majigin nan, irinta za ta tashi a can.

Bari mu fara da labarin majigin kansa, don wanda bai gani ba ya san inda aka dosa.

Wanda ya ɗauke shi wani saurayi ne Bafaranshe, Rene Vautier, ana faɗin sunan Votiye. An haife shi a 1928, tun yana ɗan shekara 15 ya shiga cikin masu yaƙar Jamus a ɓoye lokacin da ta mamaye ƙasarsu. A 1949, yana da shekara 21, wata ƙungiyar malaman makaranta ta Faransa ta aiko shi Afirka ta Yamma ya ɗauko hoton zaman ƙauye, don a nuna wa yaran makarantunsu yadda baƙar fata ke zaune lafiya lau a inuwar tutar Faransa. Farkon majigin kuwa haka yake: ga mata suna daka, ga masunta a bakin kogi, ga masaƙa, ga yara suna wasa cikin ƙura. Mutanenmu suna ta dariya, wata tsohuwa ta ce wannan taɓarya irin tamu ce. Daga nan sai dariya ta ɗauke.

Aka nuna madatsar ruwa ta Markala a bisa kogin Kwara, cikin ƙasar da ake kira Sudan ta Faransa a wancan zamani, Mali a yau. Akwai injin da ke ba gidajen Turawa lantarki, amma manyan ƙofofin ruwa da hannu talakawa ke ɗaga su, domin ladan baƙin mutum ya fi man inji araha. Aka nuna ungulaye a kan mushe, mai magana yana kiran sunayen manyan kamfanonin da ke kwashe gyaɗa da auduga da koko, yana faɗin ribar da suka ci. Sa'an nan aka nuna wani ƙauye a arewacin Kwaddebuwa, sunansa Palaka. Mai garin ya kasa cika sauran lanho, tamma 3,700, watau jika 3 da dala 140 a lissafinmu na kasuwa. Ran 27 ga Fabrairu 1949, da asuba, soja suka kewaye garin, suka buɗe wuta, suka ƙone, suka kashe. Votiye ya iske kufai, ya ɗauki hoton bangayen da harsashi ya huda. Da na zo juya wannan wuri da Hausa, wallahi sai da murya ta sarƙe mini, na tsaya na haɗiye yawu.

To, me ya sa kakanninmu ba su ga wannan majigi ba a 1950, iyayenmu ma ba su gan shi ba?

Akwai doka. A 1934 wani ministan ƙasashen da Faransa ta mallaka, Piyar Laval, ya sa hannu a takarda cewa ba mai ɗaukar hoton majigi, ba kuma mai naɗar murya a faifai, a ƙasashen Afirka da ke hannun Faransa, sai ya rubuta wa gwamna ya faɗi abin da zai ɗauka, da waɗanda zai yi aikin da su, gwamna ya duba ya yarda. In ya ƙi, magana ta ƙare. Ku lura da wayon dokar nan, jama'a. Mai ƙona littafi sai ya jira an rubuta shi tukuna, hayaƙi kuma yakan tona masa asiri. Laval tun daga gindi ya tare hanya: hoton da ba a ɗauka ba, ba wanda zai ce an hana shi gani. Shi Laval ɗin nan, Faransawa da kansu suka harbe shi a watan Oktoba na 1945 saboda ya haɗa kai da Hitila. Mutumin ya shiga ƙasa, amma dokarsa ta ci gaba da aiki a kanmu har zuwa 1960. Ashe abin da ya zama cin amana a Paris, a Yamai da Bamako da Abijan doka ce mai kyau.

Votiye ya taka dokar. Ya sulale wa ma'aikatan da aka haɗa shi da su don su tsare shi, ya bi ƙauyuka, mutanen jam'iyyar RDA suka ɓoye shi. Faya-fayan hoton aka rarraba su hannun mutane da yawa har suka isa Faransa. Can 'yan sanda suka kama su. Kaɗan ya iya tserewa da su, da kaɗan ɗin nan ya harhaɗa minti 17. Aka ɗora masa tuhuma 13, aka yanke masa ɗaurin shekara 1, ya fito daga kason soja a watan Yuni na 1952. Majigin kuwa aka hana nuna shi fiye da shekara 40, sai a ɓoye, a ɗakunan ƙungiyoyin ma'aikata da na ɗalibai. Mutumin bai daddara ba. A 1973 ya yi kwana 31 ba ya cin abinci, don gwamnatin ƙasarsa ta daina hana majigi fita saboda siyasa. Ya rasu a watan Janairu na 2015.

Baƙar fata kuwa, dokar ta fi matse shi. A 1955 wasu ɗaliban Afirka, cikinsu da Paulin Vieyra, suka so su yi majigi na kansu. Ba su sami izinin ɗauka a ƙasarsu ba, sai a birnin Paris suka ɗauka, suka sa masa suna Afrique sur Seine. Mu nan Nijar sai a 1962, bayan an saukar da tutar Faransa, Mustafa Alasan ya fito da Aure, daga baya Umaru Ganda ya bi sahu. Kada a ɗauka Faransa ce kaɗai. Jan Rush ya ɗauki 'yan Nijar mazauna Ankara suna wasan Hauka a 1954, wato Babule ɗin nan da suka ɓullo a wajen Filinge cikin 1925, masu hawan iskokin gwamna da kumandan da soja. Ingilishi suka ga ana kwaikwayon gwamnansu da kumfa a baki, suka hana nuna shi a Gwalkwas. Wasu ɗaliban Afirka ma a Paris ransu ya ɓaci da majigin, suka ce ya kunyata baƙar fata. Muna ambaton wannan don a san ba mai mulki kaɗai ke jin ƙaiƙayin ɓoye hoto ba, mu ma mukan ji shi. Za mu komo ga wannan.

Da aka kashe inji, wani dattijo da ke zaune a kan buzu ya ce mini: "Mushe, wannan abin da ka nuna, ai mu ba labari ba ne. Ka je Maijirgi ka ga kushewa." Na ce: "Gaskiyarka, Baba."

Gaskiyarsa kuwa. A 1899 rundunar Vule da Shanwan ta ratsa ƙasar nan daga yamma zuwa gabas, ta yi yaƙi da Sarauniya a Lugu, ta hallaka Birnin Ƙonni, ta bi ƙauyuka tana ƙonewa tana cika rijiyoyi da gawa. Kun san yadda labarin ya isa Paris? Wasiƙa ce. Wani hafsa mai suna Peto, da suka kore shi daga rundunar, ya rubuta wa budurwarsa abin da idonsa ya gani, wasiƙar ta bi hannu har ta kai ga hukuma. Aka aiko Kanar Klob ya tsai da su, Vule ya sa aka harbe shi a Dankori ran 14 ga Yuli 1899. Kwana biyu zuwa uku bayan nan sojansu suka juya musu, suka kashe su, kaburburansu suna nan Maijirgi, kusa da Tasawa. Faransa ta buɗe bincike, ta rufe shi a 1902, aka ce wai zafin ƙasar Sudan ne ya taɓa musu hankali. Mutanen da aka zuba a rijiya kuwa ba wanda ya ƙidaya su. Kakanninmu sun riƙe labarin a baki, amma abin da ke baki ba ya shiga kotu, ba ya shiga littafin lakwal. Shi ya sa gani ya kori ji, shi ya sa kuma Laval ya ji tsoron kyamara fiye da bakin tsohuwa.

Har nan kowa ya yarda. Inda kai ya rabu shi ne da wani saurayi daga cikinmu, mai kishi ne ƙwarai, ba mu shakkar zuciyarsa, ya miƙe ya ce: "To ga shi kun gani da idonku. Mutanen da suka yi mana wannan, suka kuma ɓoye, su ne masu rediyon da aka rufe a 2023. Ashe daidai aka yi. Su ma su ɗanɗana." Rabin tsakar gida ta ce haka ne.

Mu masu buga wannan takarda ba mu yarda ba, kuma za mu faɗi dalili a fili, ko da zai ɓata wa wasu rai.

Da farko mu ba saurayin nan haƙƙinsa. Rediyon Faransa da kuɗin gwamnatin Faransa yake aiki. Kowace tashar waje tana da inda ta fi son haskawa da inda take kau da kai. Wanda ya ce muku akwai rediyon da ba shi da uwa ba shi da uba, ya ruɗe ku. Kuma abin kunya ne a ce mutumin Gidan Amumune sai ya jira murya daga London ko Paris kafin ya san abin da ya faru a Madarunfa. Duk wannan mun yarda.

Amma fa ku dubi tarihin ƙasar nan, ku ga wa igiyar nan ta saba ɗaurewa. Ran 28 ga Satumba 1958 Dagol ya sa a yi ƙuri'ar i ko a'a. Jibo Bakari da jam'iyyar Sawaba suka ce a'a, a ba mu ƙasarmu yanzu. Aka aiko sabon gwamna, Kolombani, aka tayar da sarakuna da kumandodi, aka tsoratar da talakawa. Aka ce i ta ci da kashi 78 cikin 100, alhali ko rabin waɗanda aka rubuta ba su fito ba. Ran 12 ga Oktoba 1959 aka haramta Sawaba, kuma gwamnatin 'yan ƙasa ce ta sa hannu. Daga nan takardar Sawaba ta zama abin ɓoyewa cikin buhun hatsi da ƙarƙashin sirdi, wanda aka kama da ita ya san inda zai kwana. Ƙasar Tasawa da Maraɗi sun san wannan, akwai gidajen da har yau ba a son tuna shi. Aka saukar da tuta ran 3 ga Agusta 1960, Laval ya tafi da dokarsa, amma almakashinsa ya bar shi a kan tebur, wanda ya hau kujera ya ɗauka.

Shekara 30 ƙasar nan tana da rediyo ɗaya da jaridar gwamnati, aka sake musu suna a zamanin Kunce, bakin dai ɗaya ne. Sai a 1990 jaridar Haske ta fito, ta farko da ba ta gwamnati ba. Abdullahi Mamani, ɗan Sawaba wanda ya sha gudun hijira ya sha kaso, ya rubuta littafin Sarauniya a 1980. Da Med Hondo ya tashi mai da shi majigi, labarin ƙasarmu, a kan matar ƙasarmu, bai sami damar ɗauka a Nijar ba, sai a Burkina Faso ta Sankara, majigin ya fito a 1986. A 1996, zamanin Bare, aka rufe rediyon Anfani. A watan Satumba na 2007, zamanin Tanja, aka kama Musa Kaka saboda ya yi magana da 'yan tawayen arewa cikin aikinsa, ya yi fiye da shekara a kaso. A watan Fabrairu na 2021, bayan zaɓe, aka yanke intanet na wayar hannu har kwana 10, gwamnatin farar hula ce kuwa. Ran 3 ga Agusta 2023 aka rufe RFI da France 24. A watan Janairu na 2024 aka dakatar da Gidan 'Yan Jarida na Yamai, wanda na 'yan ƙasa ne, ba Bature ko ɗaya a ciki. A watan Yuni na 2024 aka maido da ɗauri a kan maganar da mutum ya rubuta ta waya ko intanet in an ce ɓatanci ce. A watan Disamba na 2024 aka dakatar da BBC wata 3. A watan Maris na 2025 aka rusa jam'iyyu duka. Soja da farar hula, mai rawani da mai hular kwano, kowa ya zo ya iske almakashin a inda na gabansa ya ajiye. Kowannensu kuma da dalilinsa mai daɗin ji: zaman lafiya, mutuncin ƙasa, kada a karya zuciyar soja. Gwamnan 1949 ma abin da ya ce ke nan.

Wanda duk wannan bai ishe shi ba, to ya tuna 2005. Wannan ba sai an karanta muku ba, a jikinku ya faru. Damina ta 2004 ta gaza, fara ta sauka, tiyar hatsi ta yi tsadar da ba a taɓa gani ba, mata suka shiga tonon gidan tururuwa da tsinkar ganye. Ƙasar Maraɗi, rumbun Nijar, ita ce ta fi zubar da yara. Shugaban ƙasa na lokacin ya ce wa 'yan jarida ba yunwa, mutane ƙoshe suke. Abinci bai zo da yawa ba sai da aka nuna hoton yaranmu a talabijin ɗin duniya a watan Yuli na 2005. Mun ji kunyar hotunan nan, har yau muna ji. Ba wanda ke son a nuna ɗansa tsirara, haƙarƙari a waje, ƙuda a ido, Bature yana tsaye a kansa. Irin kunyar da ɗaliban Paris suka ji ke nan. Amma ku tambayi uwar da ɗanta ya tashi, yau shi ke riƙe da kalme a gonarta, ko da ta gwammace a rufa wa ƙasa asiri. A watan Afrilu na 2006 kuwa hukuma ta janye wa 'yan BBC izinin ɗaukar hoton yunwa, a 2008 ta dakatar da likitocin MSF na Faransa a Maraɗi. Izinin ɗaukar hoto, 'yan'uwa. Takardar Laval ce aka sake bugawa da hatimin ƙasarmu. Mai ɓoye cutarsa, ita za ta ɓoye shi, sai dai a nan wanda ya ɓoye daban, wanda aka binne daban.

Akwai kuma abin da saurayin bai duba ba. In an rufe rediyo, kunnen mutum ba ya rufuwa. Manomin da ya saba jin labarin duniya da Hausa da asuba, tun BBC ta fara a 1957, in ya murɗa ya ji shiru, sai ya koma ga wayar ɗansa. Can kuwa me zai iske? Muryar da ba a san mai ita ba tana rantsuwa an kashe mutum ɗari a wuri kaza, hoton wata ƙasa na shekarun baya an ce na jiya ne a Gidan Runji. Ɗan jarida, ko na wa ne, yana da suna, yana da ofis, in ya yi ƙarya ana iya zuwa a ƙaryata shi a gaban jama'a. Mai jita-jita wa za ka kama? Mu da ke cin kasuwa mun san abin da jita-jita ke yi: a ce an tare hanyar Jibiya, kafin azahar tiyar wake ta faɗi, ɗan kasuwar da ya ƙago maganar ya kwashe. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, mai rufe bakin jarida kuwa shi ke tsaga bangon.

Saboda haka matsayin wannan takarda shi ne: ƙasar da ta kori sojan waje don ta tsaya da ƙafarta, ba ta da hujjar jin tsoron magana. In tashar waje ta yi ƙarya, a fito da shaida a ƙaryata ta da rana tsaka, a kai ta kotu in ta kama. In kuwa gaskiya ta faɗa, to laifin wanda ya bari baƙo ya riga shi faɗa ne. Maganin muryar waje shi ne muryar gida ta yi ƙarfi, a saki rediyoyin karkara su faɗi abin da ke damun manomi, a daina kiran ɗan jarida ofis don ya ce rumbu ya ƙare a wuri kaza. Kishin ƙasar da iyayenmu suka sha ɗauri a kansa a 1959, na talaka ya buɗe baki ne. Ba za mu tafa wa abin da aka yi musu ba don yau wani aka yi wa.

Wani ya tambaye mu a daren, ya ce, to ko yaƙi ake yi a bar kowa ya faɗi abin da ya ga dama? Tambaya ce mai nauyi, ba mu raina ta ba. Yaranmu suna bakin daga a Tilaberi da Diffa, ba mai hankalin da zai ce a yi shelar inda soja za su kwana gobe. Sirrin yaƙi daban ne, kowace ƙasa tana da shi. Amma yawan waɗanda suka mutu jiya ba sirrin yaƙi ba ne, abokin gaba ya riga ya sani, shi ya kashe su. Uwa ce kaɗai ba ta sani ba. Kuɗin taki da ya ɓace tsakanin Yamai da Mayahi ba sirrin yaƙi ba ne. Ajin da rufinsa zana ce, yara 'yan shekara 7 suna zaune a ƙasa, shi ma haka nan.

Ga abin da muke roƙon rassa. Kowane reshe ya nemi majigin nan, yana shiga katin waya, masu cajin waya na kasuwa za su iya tura muku. A nuna shi a gida, cikin natsuwa, ban da tayar da ƙura. A sami wanda ya iya Faransanci ya kalle shi sau biyu tukuna kafin ya tsaya juyawa, domin mai maganar yana sauri, kuma mai juyawa kada ya ƙara gishiri, abin da ke ciki ya isa. A bar mata su matso gaba, a daren namu an bar su bayan danga, kuskurenmu ne. Bayan an gama a bar kowa ya yi magana, har wanda ra'ayinsa ya saɓa da na wannan takarda. Reshen da ya nuna majigin Votiye sa'an nan ya toshe bakin ɗan'uwa a wurin, gara bai nuna ba.

Sa'an nan kowane sakataren reshe ya sayi littafi na dala ashirin ya riƙa rubutawa ran kasuwa: nawa tiyar hatsi, nawa ta wake, nawa buhun taki, rijiyar da ta ƙafe, ƙauyen da ƙyanda ta shiga, gonar da aka yi rikici a kanta tsakanin manomi da makiyayi da yadda aka raba. A sa kwanan wata. A rubuta abin da ido ya gani daban, abin da aka ji daban, a kuma faɗi daga bakin wa aka ji. Abin da ba a tabbatar ba kada a tura shi ta waya, ko da ya yi wa ɓangarenmu daɗi. Masu waya mai hoto su je wurin tsofaffi tun suna da rai, a Maijirgi da Dankori da duk garin da rundunar 1899 ta taka, da gidajen waɗanda aka ɗaure daga 1959 zuwa 1965, su nemi izini, su naɗi abin da suka ji daga iyayensu. Dattijon da ya yi mini maganar kushewa ya yarda, za mu je wurinsa ran Juma'a bayan an sauko.

Saurayin da ya tayar da gardama mun ce ya rubuto amsarsa. In ta iso za mu buga ta a fitowa ta gaba, a wannan shafi, ba za mu cire ko harafi ba. Masu aiko da labarin kasuwa su ba direbobin da suka saba, ya iso mu kafin ƙarshen wata, domin tawada ta yi ƙaranci kuma sau ɗaya za mu juya inji. Wanda ya karanta wannan ya karanta wa wanda bai iya ba, sa'an nan ya miƙa ta gaba.

Haza wassalam.